Kujerar da ke Kusa da Ladi

Jama'a, assalamu alaikum. Abin nan da zan ba ku labarinsa ba a bakin kowa na tsinto shi ba, a kaina ya faru, kuma da rana tsaka, ido biyu, ba barci nake ba balle a ce mafarki ne. Allah da Ya halicce ni Shi ne shaidata idan na ƙara gishiri. Shekaru sun ja sosai, amma wallahi har gobe in na tuna sai na ji tafin ƙafata ya ɗauki sanyi.

A lokacin muna zaune a Suleja ne, a Hashimi, ɗaki ɗaya muke haya a gidan da ya tara mutane iri-iri, ni da maigidana da 'yarmu Fati, ba a daɗe da yaye ta ba. Daga Zariya muka taso saboda ya samu aikin gadi a wani gida a Abuja, sai ƙarshen sati yake leƙo mu, abin da yake kawowa kuwa, to, Allah dai Ya rufa asiri, hayar Suleja ta gama da shi kafin a zo maganar tukunya. Wata maƙwabciyata ce ta ce min ana ɗaukar mata a wani kamfanin buhu da ke can bakin iyakar Neja da Abuja. Ba zan faɗi sunansa ba, don ma ya daɗe da rufewa. Abin da ya kamata ku sani kawai shi ne daidai kan iyaka aka gina shi, ƙofar shiga tana ɓangaren Abuja, katangar baya tana cikin Neja, a bayanta kuma wani kwari ne mai ciyawa sai gonakin mutane. Har wasa muke da abin, mu ce a Abuja muke aiki amma a Neja muke zagayawa.

Buhun shinkafa da na taki ake yi, irin fararen nan na roba. Maza ne a kan manyan injinan saƙa, mu mata mu ne yanka da ɗinki. Da wata waya mai zafi ake yanka buhun, tana cin robar tana fitar da wani hayaƙi mai ɗaci da yake zama a maƙogwaro, har in ka koma gida ka ci tuwo sai ka ji kamar leda kake taunawa. Daga nan a miƙo mana, mu naɗe gindin buhun mu tura a keke, zuuu, mu jefa gefe, wani ya zo. Da asuba bas ɗin kamfani yake kwashe mu a bakin titi, sai magariba ta kawo jiki yake dawo da mu, kuma duk tsawon yinin nan a tsaye muke. An ce da can akwai benci, sai masu kamfanin suka ce zama yana kawo hira, hira tana kawo kasala, aka kwashe bencinan aka ɗaga kekunan bisa dogayen tebura. Kai, wanda bai taɓa yini tsaye a wuri ɗaya ba bai san wahala ba. Ƙafafuna kan kumbura har silifas ya bar min shati.

Mai kula da mu wata mata ce 'yar kudu, Madam kawai muke ce mata, tana yawo a tsakanin layuka tana cewa, “Oya, oya, hannu ya yi aiki, baki ya huta!” Ba zan ce muguwa ce ba, ita ma akwai na sama da ita da suke taka ta. Ko bayi sai ka nemi izininta. Amma dokar da ta fi kowacce tsanani ita ce ba a aiki da mai ciki. Da yamma in za mu fita ana laluben jikinmu a bakin ƙofa wai kar mu saci zare, amma kowa ya san ciki ake lalube. Ranar da aka gane, ranar ce ta ƙarshe.

Wadda kekenta yake kusa da nawa sunanta Ladi, 'yar Gbagyi ce daga Iku, Kirista, 'yar siririya mai yawan dariya. Na girme ta, don haka Yaya take ce min. Ita ta koya min yadda ake magana a wurin aiki ba tare da an motsa baki ba, kai a sunkuye, ido a kan allura, Madam ta wuce ta gabanku ba ta san kuna hira ba. Mijinta ɗan acaba ne, mota ta buge shi ya samu karaya a cinya yana kwance, saboda haka shi da tsohuwar mahaifiyarta duk ita ke ɗauke da su. In an ba mu ɗan hutun cin abinci, a kwano ɗaya muke ci, ita ta zo da doya, ni na zo da ɗanwake.

Wata rana na zaga bayi na tarar da ita ta ɗaga rigar aiki tana kwance wani tsohon zani da ta naɗe cikinta da shi tamau, tana numfashi kamar wadda aka tsamo daga rijiya. Na ce, “Innalillahi, Ladi! Ciki gare ki?”

Ta kama hannuna ta ce, “Yaya, ki rufa min asiri. Bari dai ya fara taka ƙafar nan, sai in bari da kaina.”

Na ce mata wannan ɗaurin zai iya yi wa yaron illa. Ta yi 'yar dariyar nan tata ta ce ai yaron talaka tun daga ciki yake koyon matsi. Na taya ta mayar da ɗaurin muka fito.

Haka ta yi ta fama har cikin ya yi nisa. Ranar da abin ya faru ana wani irin zafi, hayaƙin robar nan ya cika ɗakin, bayan azahar na ga tana layi a tsaye, ta dafa tebur. Ta ɗaga hannu ta roƙi Madam ta bar ta ta ɗan sha iska. Madam ta dube ta ta ce, in iska take so ta je sito ta ɗebo zare, ta jefi tsuntsu biyu da dutse ɗaya. Siton yana can baya ne, bayan ɗakin janareto, jikin katanga. Ladi ta cire silifas ɗinta da suka matse ta, ta bar su a ƙarƙashin tebur, ta tafi ba takalmi.

Jama'a, tafiyar ke nan.

La'asar ta yi shiru, aka tashi shiru. Na je wurin Madam na ce Ladi fa ba ta dawo ba. Ta ce ta gudu gida, dama ragguwa ce. Na ce ga takalmanta ga kwanonta, wa zai tafi Iku ba takalmi? Ta zare min ido ta ce, “Kai ne uwansa?” (haka Hausarta take, ba ta raba mace da namiji.) Ta ce in na gaji da aikin in faɗa, akwai mata a bakin ƙofa suna jira. Na tambayi maigadi, ya rantse min ba ta fita ta gabansa ba, kuma ƙofa ɗaya ce a kamfanin, katangar kuwa doguwa ce, an kafa mata fasassun kwalabe a sama. Haka bas ya tashi, ina riƙe da silifas ɗinta a cinya.

Washegari mahaifiyarta ta zo, wata tsohuwa baƙa mai ɗan rankwafawa, ta zauna a bakin ƙofar kamfanin daga safe har yamma, ba ta zagi kowa ba, kallon kowace mace kawai take in mun fito. Ta yi ta zuwa. Danginsu suka kai ƙara, duk ofishin da suka je a wannan ɓangaren sai a ce ai ƙofar kamfanin a Abuja take, su je can, in sun je can a ce ai inda aka ce ta nufa cikin Neja yake, su koma. Aka yi ta wasan ƙwallo da su har suka gaji. Wasu mata biyu da suka ɗaga murya a kan maganar aka sallame su. Kafin sati ya zagayo an saka wata a keken Ladi. A nan ne wata da ta daɗe a kamfanin ta raɗa min a cikin bas cewa ai ba ita ce ta farko ba, akwai wadda aka ce ta koma ƙauyensu, akwai wadda aka ce ta bi wani direba Legas, amma babu wanda ya ƙara jin ɗuriyarsu. Na ce ta yi shiru don Allah, tsoro take ba ni.

Za ku ce me ya hana ni barin aikin? Na so. Sai ga shi mai gidan da maigidana yake gadi ya sayar da gidan, aka sallame shi, ya dawo yana buga-buga, yau a samu gobe a rasa. Ana cikin haka ni ma na fahimci ina da ciki. Na yi kuka ranar, ba don ba na son haihuwa ba, Allah Ya sani. Da cikin ya fara tasowa na ɗauko wani tsohon zani na yage shi gida biyu. Ko maigidana bai san ina ɗaurewa ba, sai na fita tsakar gida da asuba nake yi, in ja in ja har sai na ji haƙarƙarina suna ƙara, in zura doguwar rigar kamfani shuɗiya mai kaiwa idon sawu, in kama hanya.

Fiye da shekara da ɓatan Ladi, bazara ta sake zagayowa. Ranar tun safe nake jin jiri, ƙafafuna sun yi suntum, ina ganin allurar keken tana zama biyu. Bayan azahar na kasa, na ɗaga hannu na ce, “Madam, don Allah ki bar ni in sha iska kaɗan.” Ko kallona ba ta yi sosai ba ta ce in je sito in ɗebo zare. Wallahi nan take na tuna Ladi, amma me zan ce? In na ce ba ni zuwa za a tambaye ni dalili. Na yi bisimilla na fita.

Na sha shiga siton nan, na san shi. Dogon ɗaki ne mai duhu-duhu, an jibge dilolin buhu har sama, zaren yana can ƙurya. Na shiga ina dafa dilolin, ƙarar janareto tana dukan kaina, sai na ji wata iska mai sanyi ta taɓa min ƙafa, irin sanyin randar ƙasa. Na bi inda take fitowa, sai ga wata ƙofa a bayan dilolin, ƙofar ƙarfe, a ɗan buɗe. Ban taɓa ganinta ba. A raina na ce ƙila ofishin wani oga ne mai na'urar sanyi, bari in tsaya a bakin ƙofar iskar ta ɗan buge ni. Ban san lokacin da na tura ta na shiga ba.

Abu na farko da na lura shi ne ƙarar janareto ta ɗauke ɗif, kamar an toshe min kunne da auduga. Ɗaki ne babba irin namu sak, da layukan kekuna, da mata cike sanye da shuɗiyar riga irin tawa, sai dai su a zaune suke. Kowace tana kan kujera, kujera mai kyau mai majingini. Kekunan suna gudu, ina ganin allurai suna hawa suna sauka, ina ganin ƙafafunsu a kan mataki, amma babu sauti ko ƙanƙani. Babu mai tari, babu mai ɗaga kai. Buhunan da suke ɗinkawa kuwa farare ne kamar namu, amma sun fi namu tsawo nesa ba kusa ba, za su kai tsawon mutum, kuma ba a buga musu rubutun komai ba. Ba na son in faɗi abin da suka yi min kama da shi.

Da hankalina a jikina da na juya. Amma a layin da ke gabana, can tsakiya, na hango ƙeyar da na sani. Na taka a hankali har na isa. Ladi ce. Wallahi tallahi Ladi ce, da kitson da ta ɓata da shi, ƙafarta ba takalmi. Ba ta ɗaure cikin ba yanzu, ya fito tulele har yana taɓa teburin, cikin da ya kamata a ce an haife shi tuntuni har yaron yana rarrafe. A gefenta kuma akwai keke ɗaya ba kowa, da kujera a gabansa an ɗan jawo ta baya, kamar an shirya wa wani.

Na buɗe baki na kira sunanta, ban ji muryata ba. Amma ita na ji tata, a hankali, kai a sunkuye, baki bai motsa ba, yadda muka saba.

“Yaya, an tashi?”

Na ce, “Ladi, ina kika shiga? Mama tana can tana nemanki, har ta rame.”

Ta ce, “Ban gama ba. Sun ce in na gama sai in tafi.” Ta jefa buhun da ta ɗinka gefe, wani ya riga ya zo hannunta, ban ga wanda ya miƙo ba. Sai ta sake cewa, “An tashi? Bas bai tafi ba ko?”

Na dubi kujerar da ke gefenta. Kuma a lokacin, ku yarda da ni, ba tsoro ne ya fi damuna ba, ƙafafuna ne. Wani irin nauyi suka yi kamar an ɗaura min turmi a kowace, bayana kamar zai ɓalle, ga kujerar nan a gabana, sanyi yana fitowa daga jikinta. A rayuwata ban taɓa son wani abu kamar yadda na so zama a kujerar nan ba. Na ce a raina ai ba wani abu ba ne, in ɗan ɗosana in huta in ja Ladi mu fita. Har na ɗora hannu a majinginin, har na fara lanƙwasa gwiwa.

Sai ta ce, “Kar ki zauna.”

Na tsaya a haka.

“Yaya, kar ki zauna. Ni ma cewa na yi bari in ɗan huta.”

Hawaye yana sauka daga idonta yana ɗiga a kan buhun, amma hannunta bai tsaya ba. A can ƙarshen layin na hango wata doguwar mata ta ba mu baya, hannunta a goye, tana tafiya a tsakanin kekunan irin tafiyar mai kula da aiki. Ta kai bango ta tsaya. Ta fara juyowa a hankali. Ban ga fuskarta ba, kuma ina gode wa Allah da ban gani ba. Na so in karanta Ayatul Kursiyyu, harshena ya yi nauyi kamar dutse. Na ji ana jan gefen rigata ta ƙasa, ja mai ƙarfi, na kasa sunkuyawa in duba. A daidai lokacin abin da ke cikina ya yi wani irin harbi, duk da ɗaurin nan, har sai da na ga wuta. Na cusa hannu ta wuyan riga na fizge bakin zanin, ya warware, numfashi ya shigo min, da shi na samu na ce, “La'ilaha illallahu!” Na juya na zabura wajen ƙofa, ƙafafuna suka harɗe, na tafi da fuska. Iyakar abin da na sani ke nan.

Da na farfaɗo sama na fara gani, da fuskokin wasu mata a kaina suna yare. Matan Gbagyi ne masu dawowa daga itace, sun sauke kayansu daga kafaɗa suna yayyafa min ruwa. A cikin kwarin nan na bayan katanga suka tsince ni, a waje, cikin ciyawa, rana ta yi sanyi. Yadda aka yi na tsallake katangar da ko namiji sai da tsani, ga kwalabe, ba ko ƙwarzane a jikina, ban sani ba. Na yunƙura zan tashi na kasa. Sai ɗayarsu ta nuna ƙafata tana salati irin nasu. Jama'a, bakin rigata ta ƙasa an haɗe shi an naɗe an ɗinke tsaf, daga wannan gefe zuwa wancan, ƙafafuna suna ciki, da farin zaren kamfani, ɗinkin keke miƙaƙƙe, daidai yadda muke rufe gindin buhu. Da lauje suka farke shi.

A asibiti aka ce jinina ne ya yi ƙasa, ga zafi ga hayaƙi ga ɗaurin ciki, dole in ga abin da babu. Ma'aikaciyar jinyar ta yi min faɗa sosai, kuma ta yi gaskiya. Na tambaye ta, to ɗinkin fa? Ta juya ta wuce gadon da ke gaba. Maigidana ya tafi kamfanin a fusace, aka ce masa ai ni na gudu daga bakin aiki, kuma tunda ciki gare ni kar in dawo. Ya matsa sai an nuna masa siton, maigadi ya raka shi, suka ture dilolin. Ya ce min bango ne kawai na bulo, ko filasta babu, gizo-gizo ya yi saƙa a jiki.

Da na ji sauƙi na hau mota na tafi Iku wurin mahaifiyar Ladi, don na ga ba zan iya riƙe maganar ni kaɗai ba. Na same ta a tsakar gida tana ɓarar gyaɗa. Na durƙusa na gaishe ta, na ce, “Mama, zan faɗa miki wata magana, in kin ga dama ki ce hauka nake.” Na kwashe komai na faɗa mata. Ba ta katse ni ba, ba ta yi kuka ba. Da na gama sai ta ce, “Ta haihu?”

Na ce, “A'a, Mama.”

Ta gyaɗa kai. Ta ce ba ni ce na fara zuwa mata da wannan labarin ba, wata yarinya ta riga ni, ita ma ta ce ta ga kujera a kusa da Ladi. Na ce ina yarinyar take, in je in gan ta? Ta ce ta hana ta komawa aikin, amma yarinyar ta ce ƙannenta za su ci me. Ta koma, tun ranar ba a ƙara ganinta ba. Tsohuwar ta ci gaba da ɓarar gyaɗarta.

Allah Ya sauke ni lafiya, na samu 'ya mace. Na kama suyar awara a ƙofar gida, da ita muka rayu har maigidana ya sake samun abin yi. Kamfanin ya rufe bayan wasu shekaru, aka ce masu shi sun buɗe wani da sabon suna can kan hanyar Izom. Na ɗauka magana ta wuce, na daina ma ba da labarin don na gaji da a riƙa yi min kallon mai taɓin hankali.

Abin da ya sa na ɗauko shi yanzu shi ne abin da ya faru kwanan baya. Akwai wata yarinya Hauwa, 'yar maƙwabtanmu, marainiya ce, nakan ba ta kayan da na daina sawa. Ashe ta samu aiki a wani kamfanin buhu a hanyar Izom, ban sani ba sai daga baya. Ran nan da yamma ina suya ta sauko daga bas ta zo ta tsuguna kusa da ni, ta ce, “Anti, wata a wurin aikinmu ta ce in gaishe ki.”

Na ce wace ce?

Ta ce ba ta tambayi sunanta ba. An aike ta sito ne ta ɗebo zare, ta ga wata mata mai tsohon ciki zaune a bakin wata ƙofa tana shan iska, har ta yi mamaki yadda aka bar mai ciki a kamfanin. Matar ta kama gefen ɗankwalinta ta shinshina, ta ce, wannan na Yayata ne. Ɗankwalin kuwa nawa ne, ni na ba ta. Hauwa ta ce, “Sai ta ce in tambaye ki, wai me kika haifa, don ana ta tambayarta a ciki.”

Matsamin da ke hannuna ya faɗa cikin mai. Na ce, “Me kika ce mata?”

Ta ce, “Na ce mace ce, ta girma har ta gama sakandare, aiki ma take nema.”

Na rantse da Allah ban san lokacin da na kama yarinyar nan na girgiza ta ba. Ban bar gidansu ba ranar sai da kakarta ta yi min alƙawarin ba za ta ƙara taka kamfanin ba, yanzu tare muke suya. Ita kuwa 'yar tawa, ƙanwar Fati, da na shiga ɗaki na same ta tana murna, wai wata ƙawarta ta ce mata ana ɗaukar mata aiki, har da bas kyauta. Na ce in ta ƙara ɗaga min maganar nan ban yafe ba. Har yau tana ganin na tauye ta, ba ta san dalili ba.

Ni ba malama ba ce, ban san ko aljanu ne, ko wani abu ne masu kuɗi suka binne a wurin, ko kuwa haƙƙin matan nan ne ya ƙi kwanciya. Allah Shi ne masani. Amma 'yan uwana mata masu fita neman halali, don girman Allah kar wadda ta ƙara ɗaure ciki saboda aiki. In an aiki ɗayarku wani lungu a wurin aiki, wata ta raka ta, ko za a yi faɗa. In abokiyar aikinku ba ta shigo mota ba, kar ku bari motar ta tashi, ku sauko gaba ɗayanku ku tsaya a bakin ƙofa sai an fito da ita. Ku riƙe azkar na safe. Kuma duk wanda ya karanta wannan, in ya yi salla ya saka 'yata a addu'a, don ni ban san me Hauwa ta jawo mana da amsar nan ba, kuma ba kullum nake gida ba.